Tambayoyi da Amsoshi kan Surgeon Simulator, Gem ɗin Tiyata da Hannu Ɗaya

Wane irin wasa ne wannan, kuma su wa suka yi shi?

Surgeon Simulator wasan kwamfuta ne na barkwanci. Ana ba ka hannu ɗaya, da majinyaci kwance a gabanka, da tarin kayan aiki a kan tebur, a ce ka yi dashen zuciya. Kamfanin Bossa Studios da ke Landan ne ya fitar da shi. Asalinsa ma'aikatan kamfanin huɗu ne, Tom Jackson da Jack Good da Luke Williams da James Broadley, suka haɗa shi cikin awa 48 a gasar haɗa wasannin kwamfuta ta Global Game Jam ta watan Janairun 2013. Jigon gasar a shekarar shi ne sautin bugun zuciya, su kuwa sai suka ɗauki maganar a zahirinta, suka ce to bari a buɗe ƙirji a ciro zuciyar. Da bidiyon mutane suna fama da shi ya bazu a YouTube, kamfanin ya faɗaɗa shi ya saka shi a Steam, kantin sayar da wasannin kwamfuta ta intanet, ranar 19 ga Afrilun 2013.

A cikin wasan kai ne Nigel Burke, wanda babu wata alamar cewa ya taɓa shiga ajin koyon likitanci. Majinyacin sunansa Bob. Shekarar 1987 ce, a wani ƙagaggen asibiti na Birtaniya, shi ya sa za ka ga kaset ɗin bidiyo da tsohuwar kwamfuta a kan teburin farko.

Me ake nufi da cewa an gina shi a kan kimiyyar motsi?

A yawancin wasanni, idan ka danna madannin ɗauka, abin sai ya manne a hannun ɗan wasan, shi ke nan. Nan ba haka ba ne. Kowane abu yana da nauyinsa da siffarsa, yana zamewa, yana mirginawa, yana tunkuɗe na kusa da shi. Guduma ta fi aska nauyi, don haka ba ta juyawa da sauri. Kwalba idan ta faɗi fashewa take. Hannun kansa ma abu ne a cikin ɗakin: gwiwar hannu da tsintsiyarsa suna share duk abin da suka ci karo da shi, ko kana kallon wurin ko ba ka kallo. Daga nan dariyar take fitowa. Babu wanda ya rubuta cewa zarto zai faɗa cikin ƙirjin Bob. Kai ne ka buge shi da gefen hannu kana ƙoƙarin ɗaukar allura.

Yaya ake sarrafa hannun a kwamfuta?

Yatsu biyar, madannai biyar. Madannin A na ƙaramin yatsa ne, W na yatsan zobe, E na tsakiya, R na manuni, dogon madannin tazara kuma na babban yatsa. Idan ka ɗora hannunka na hagu a kan allon madannai za ka ga kowane yatsanka ya faɗa daidai kan nasa. Muddin kana danne, yatsan a lanƙwashe yake. Ka saki, ya miƙe.

Linzamin kwamfuta (mouse) shi ke kai hannun gaba da baya, dama da hagu. Danna ɓangarensa na hagu yana saukar da hannun ƙasa, sakinsa yana ɗaga shi. Idan ka riƙe ɓangaren dama kana motsa linzamin, tsintsiyar hannu ce ke juyawa. Wannan juyin shi ne abin da sababbi suka fi yi wa riƙon sakainar kashi, alhali rabin aikin yana wurinsa. Kusurwar da ka ɗauki abu da ita ita ce kusurwar da za ka yi aiki da ita. Wanda ya ɗauki aska bakinta na kallon sama, zai yi ta lauya hannu har ya yanki abin da bai yi niyya ba. Gara ka ajiye ta ka sake ɗauka.

Hannun nan ba ya jin magana. Linzamina ne ya lalace, ko wasan ne ke da matsala?

Ko ɗaya. Da gangan aka yi shi haka. Wasan ɗan gida ɗaya ne da QWOP na Bennett Foddy, wanda ya raba gudun ɗan tsere zuwa madannai huɗu: a ɗauki abin da jiki ke yi ba tare da tunani ba, a warwatsa shi gunduwa-gunduwa, a ce ka haɗa. Sai dai wahalar tana da ƙa'ida, ba caca ba ce. Hannun yana bin umarni ɗaya iri ɗaya kullum. Abin da ke faruwa shi ne hannun yana ɗan jan ƙafa bayan linzami, mai gaggawa kuma sai ya ƙara motsi kafin na farko ya kammala, hannun ya wuce inda aka nufa. Idan kana yawan wuce gona da iri, rage saurin linzamin, ka kuma share wuri mai faɗi a teburinka don kada ka riƙa ɗaga shi a tsakiyar yanka.

Me ya sa kayan aiki ke suɓuce mini?

Dalilai uku ne suka fi yawa. Na ɗaya, ka lanƙwasa yatsu kafin hannu ya sauka, sai ka dunƙule iska ka tura kayan gefe. Tsarin shi ne: buɗe hannu, daidaita shi a saman abin, sauka, sannan ka damƙe, sannan ka ɗaga. Na biyu, kana amfani da yatsu biyar ga abin da biyu suka isa. Aska da allura da babban yatsa da manuni ake ɗaukarsu. Sauran yatsun idan suka lanƙwashe sukan karkatar da abin ko su kwaso wani tarkace tare da shi. Guduma da zarto da gaɓoɓi su ne na damƙar hannu duka. Na uku ba laifin wasan ba ne: wasu allunan madannai, musamman masu araha da na wasu kwamfutocin tafi-da-gidanka, ba sa karanta madannai da yawa a lokaci guda. Kana danne biyar da yatsunka, kwamfuta tana ganin uku. Gwada ka danne su duka kana kallon hannun a allo. Idan wani yatsa ya ƙi lanƙwasa, sauya allon madannai shi ne magani.

Mene ne lambobin da ke saman allo?

Bob yana farawa da jini mililita 5600. Lamba ɗaya tana nuna abin da ya rage, ɗayar kuma tana nuna yawan da ke zuba a kowane daƙiƙa. Ta biyun ita ce abin sa wa ido. Jinin da ya rage labarin abin da ya riga ya faru ne, saurin zuba kuwa shi ke gaya maka sauran lokacinka. Lissafin mai sauƙi ne: idan saura mililita 3000 kuma 10 na zuba a daƙiƙa, kana da minti 5. Idan zubar ta kai 30, minti 1 da daƙiƙa 40 ne kacal. Jini ya kai sifili, Bob ya mutu, a sake daga farko.

Allura kore da shuɗiya fa?

Koriyar ita ke tsayar da zubar jini idan ka soka ta a jikin Bob. Ba ta dawo da wanda ya zuba, tsayarwa kawai take yi. Saboda haka amfaninta yana ga wanda ya yi ta da wuri, ba wanda ya jira sai jini ya kusa ƙarewa ba.

Tarkon da ke cikinta shi ne tsininta. Idan ka kai hannu ta gaba ta soke ka, Nigel zai bugu: launuka su rikice, allon ya riƙa rawa, ka daina gane nisan abu. Shuɗiyar ce ke warware wannan, idan ka soka wa hannun. Dabarar da ta fi ita ce tun kafin ka taɓa majinyaci ka ɗauko koriyar ta gindinta, ka kwantar da ita a wurin da hannu zai kai ba tare da ya tsallaka kan wasu kaya ba, tsininta na kallon nesa da kai. Daƙiƙa goma da za ka kashe a nan sun fi minti ɗaya na lalube cikin jini.

Akwai wani abin da ya yi kama da wannan: idan ka cusa ƙarfe a soket ɗin lantarki, wuta za ta ja Nigel, motsin hannun ya juye, dama ta koma hagu. Wasu da gangan suke yi don neman lambar yabo ta cikin wasan.

Ku ba mu matakan dashen zuciya dalla-dalla.

Da farko yaye ƙyallen da ke rufe da ƙirjin ka jefar da shi nesa, kada ya dawo ya rufe maka wurin aiki. Sannan ka buɗe akwatin da sabuwar zuciya take ciki tun yanzu, lokacin da babu jinin da ke zuba, amma ka bar ta a ciki. Mutane da yawa sai sun yanke tsohuwar suke tuna akwatin a rufe yake.

Sai haƙarƙari. Kana da zaɓi tsakanin guduma, zarton hannu da zarton lantarki. Guduma tana da sauri amma ba ta da tausayi: bugun da ya kauce wa ƙashi a kan huhu ko nama yake sauka, ɓaraguzan kuma su cika ƙirjin. Zarton lantarki ya fi tsafta idan ka riƙe shi a kwance kana taɓa ƙashin sama-sama, amma da zarar ya nutse ƙasa da ƙashi, lambar zubar jini za ta yi tsalle. Ga mai koyo, zarton lantarki da haƙuri ya fi. Ka bi gefe-gefe inda haƙarƙarin ya haɗu da jiki, dama sannan hagu, ka ɗebe manyan guntaye da hannu. Ba dole ne ka cire kowane ɗan ƙashi ba, ka dai samu ƙofar da hannu zai shiga ya fita da kaya.

Huhu biyu da hannu ake fizge su, ba sa bukatar yanka. Ka damƙa da yatsu biyar, ka ɗaga, ka kai gefe ka saki. Wasan bai damu da inda suka faɗa ba, kuma ba zai tambaye ka su ba daga baya. Idan hanta ko tumbi sun tare maka hanya, su ma a kawar da su.

Yanzu zuciya ta bayyana, tana bugawa, manyan jijiyoyi na riƙe da ita ta sama. A nan ne za ka duba lambar zubar jini; idan ba sifili ba ce, yi allura kafin ka ci gaba. Ɗauki aska da yatsu biyu, bakinta na kallon ƙasa, ka sauke ta a kan jijiyoyin, ba a kan naman da ke bayansu ba. Taɓawa kaɗan ta isa. Kuskuren da aka fi yi shi ne a bar askar a nutse ana jan ta hagu da dama kamar ana yankan nama, kowane ja kuwa sabon rauni ne. Idan jijiyoyin sun rabu, zuciyar za ta saki. Ajiye askar a tebur, ba cikin ƙirji ba, ka ciro tsohuwar, ka ɗauko sabuwar ka sake ta a gurbin. Ba ɗinki, ba mayar da huhu, ba rufe ƙirji. Wasan zai ce aiki ya yi kyau.

Na saka sabuwar zuciya amma wasan bai ƙare ba. Me ya faru?

Kusan kullum ɗayan biyu ne. Ko dai akwai jijiyar da ba ta gama yankewa ba, ko kuma sabuwar zuciyar ba ta kai gurbin ba saboda tana zaune a kan guntun ƙashi, ko kan wani kayan aiki da ya faɗa ciki, har da agogon Nigel wanda yakan kwance ya faɗi. Ciro ta, share gurbin, sake sakawa, ka ɗan danna ta da bayan yatsu.

Me ya sa dashen ƙoda ya fi wahala?

Saboda aikin aska ya fi yawa, wurin kuma ya fi zurfi. Hanji babba da ƙarami ne ke rufe da ƙodojin, kuma ba sa fita da fizga sai an yanke su a inda suka manne. Wuraren yankan suna da ɗan bambancin launi da sauran hanjin, sai ka kusanto da ido. Bayan ka kwashe hanji, kowace ƙoda tana da abin da ke riƙe da ita wanda shi ma sai an yanke. Matsalar ta gaske tana zuwa bayan nan: ƙoda ƙarama ce, mai santsi, tana kwance cikin rami, yatsu kuma ba sa shiga ƙarƙashinta da sauƙi. Juya tsintsiyar hannu yadda yatsun za su shiga ta gefe kamar ludayi, ko ka yi amfani da wani abu marar kaifi ka turo ta sama. Kada ka yi wannan da aska a hannu. Sababbin guda biyu ne, kuma idan ɗaya ta mirgina ta faɗi ƙasa inda hannu ba ya kaiwa, aikin ya lalace ko da jini bai zuba ba. Ɗauke su ɗaya bayan ɗaya.

Dashen ƙwaƙwalwa fa?

Shi ya fi gajarta. Ka fasa ƙoƙon kai zagaye, ka ɗebe ɓawon, ka jawo ƙwaƙwalwar sama har jijiyar da ke ƙasanta ta fito, ka yanke, ka saka sabuwa. Haɗarin duka yana wurin fasa ƙashin, don ƙwaƙwalwar tana dab da shi kuma tana zubar da jini sosai idan aka taɓa ta.

Yaya ake samun sakamakon A++, maki mafi girma da wasan ke bayarwa?

Abu biyu ake dubawa: lokacin da ka ɗauka da jinin da ya rage. Su biyun kuwa suna jan juna, don sauri yana kawo rauni, taka-tsantsan yana cin lokaci. Hanyar da ta fi aiki ita ce ka fara koyon yin aikin ba tare da zubar da jini ba, komai daɗewa. Idan hannunka ya haddace hanyar, saurin da kansa yake zuwa. Sannan ka rage aikin da ba a tambaye ka ba. Duk gaɓar da ba ta tare maka hanya ba, bar ta. Duk kayan aikin da ka ɗauka ka ajiye lokaci ne, don haka masu neman A++ sukan yi tiyata gaba ɗaya da kaya biyu ko uku.

Me ke canzawa a motar asibiti, da baranda, da sararin samaniya?

Waɗannan wasu matakan wasan ne da ake yin aikin a wasu wurare. Tiyatar ita ce dai, ɗakin ne ke zama abokin gaba. A motar asibiti, gargada tana watsa kaya, wani lokaci ƙofar baya ta buɗe abin da ke kusa da ita ya fice. Ka'idar nan ita ce kada ka bar kaifi a saman majinyaci lokacin da motar ke tsalle. Ɗaga hannu ka jira ta lafa. Kuma kada ka fito da sabuwar gaɓa sai lokacin saka ta ya yi.

A baranda, ana tura gadon Bob ne a guje, teburan kaya suna wucewa ta gefe. Abin da ka samu ka cafka da shi za ka yi aiki, wanda ya wuce sai ka jira wani ya zo. A sararin samaniya babu nauyi, komai yana shawagi. Abin da ka saki ba ya faɗuwa, tafiya yake ci gaba da yi ta inda ka tura shi, saboda haka ka tsayar da hannu cak kafin ka buɗe yatsu. Guntayen ƙashi ma suna tashi su tare maka gani.

Akwai wasu tiyatocin ban da waɗannan ukun?

Akwai. Dashen ido da na haƙora sun fara fitowa a bugun iPad na 2014, daga baya suka shigo bugun cika shekara, wanda ya fito a kwamfuta da PlayStation 4 a watan Agustan 2014 tare da matakan baranda. A 2013 an ƙara wata tiyata kyauta da 'yan wasan Team Fortress 2, inda Medic ke yi wa Heavy aiki, da kuma tiyatar wata halittar sararin samaniya mai gaɓoɓin da ba su yi kama da na mutum ba, wadda aka ɓoye sai wanda ya bi alamomin da ke warwatse a wasan. A 2016, lokacin yaƙin neman zaɓen Amurka, an ƙara matakin da ake yi wa Donald Trump dashen zuciya, ka zaɓa masa ta zinariya ko ta dutse.

Wane bugu ya kamata in nema?

Wanda ke son ainihin wahalar yatsu biyar, bugun kwamfuta na farkon shi ne. Na waya da na iPad da taɓa allo ake yin su, babu hannun Nigel a tsakani, don haka sun fi sauƙi kuma rabin barkwancin ya tafi. Experience Reality na 2016 na gilashin da ake ɗaurawa a fuska ne, da hannu biyu. Surgeon Simulator CPR ya fito a Nintendo Switch a 2018, inda mutum biyu za su iya raba aikin, kowa da hannu ɗaya.

Surgeon Simulator 2 ya fito a watan Agustan 2020, ya iso Steam da Xbox a Satumban 2021. Wannan kusan wani wasa ne daban: kana yawo cikin ginin da ƙafarka, mutum huɗu na iya yin aiki tare ta intanet, ana cire hannu da ƙafa da kai a sauya, akwai kuma wurin gina matakanka. An sauƙaƙa riƙon kaya ƙwarai. Ya fi daɗi da abokai, amma wanda ya zo neman kokawa da yatsu zai ga an rage masa gishiri.

Ana koyon wani abu na tiyatar gaske a ciki?

Wurin da gaɓoɓi suke a jiki, sama-sama, da kuma yawan jinin babban mutum, wanda yake wajen lita 5. Iyakarsa ke nan. A dashen zuciya na gaske ba a farfasa haƙarƙari. Ƙashin tsakiyar ƙirji ake tsagawa a buɗe, a haɗa majinyaci da injin da ke yin aikin zuciya da huhu, a ɗinke kowace jijiya, aikin ya ɗauki awoyi. Christiaan Barnard ne ya fara yin sa ga ɗan Adam ranar 3 ga Disamban 1967 a asibitin Groote Schuur na Kef Tawun, majinyacin ya rayu kwana 18. A dashen ƙoda, wanda Joseph Murray ya fara cin nasararsa a Boston a 1954 tsakanin tagwaye, galibi ba a ma cire tsofaffin. Ƙoda ɗaya ake sakawa a ƙasan ciki, kusa da mara. Dashen ƙwaƙwalwa kuwa ba a taɓa yi ba.

Ya dace da yara?

Zanen na barkwanci ne, gaɓoɓin kamar na roba, Bob ba ya ihu ba ya motsi. Duk da haka jini yana fantsama, ana fasa ƙashi da guduma, ana zaro ido da jijiyarsa. Ga matasa da manya aka yi shi. Iyaye su kalli bidiyon tiyata ɗaya tukuna, musamman ta ido da ta haƙora, waɗanda suka fi sa tsigar jiki tashi ko ga manya.

Kayan aikin da nake bukata ya faɗi ƙasa. In sake daga farko?

Duba teburin tukuna. Wasan ba ya tambayar da me ka yi aikin, kaifi da nauyi kawai ya sani. Idan aska ta tafi, almakashi ko fasasshiyar kwalba za su yanke jijiya. Idan guduma ta tafi, duk wani abu mai nauyi zai fasa ƙashi, sai dai ya fi ɗaukar bugu. Abu biyu ne ba su da madadi: gaɓar da za ka dasa, da allura kore idan jini na zuba da ƙarfi. Idan ɗayansu ya faɗi inda hannu ba ya kaiwa, sake farawa ya fi zaman kallon lamba tana sauka.